Wai waye mai jaridar Metro da ake rabawa kyauta a Landan?

UmmuSadiq:

Assalamu alaikum jama'a. Don Allah masu sanin harkar jarida ina da tambaya. Wannan jaridar Metro da ake jibgewa kullum da sassafe a bakin tashoshin jirgin ƙarƙashin ƙasa da cikin bas a Landan, kowa ya zara ya wuce ba ko sisi, wai ta waye? Kuma yaushe aka fara ta? Abin da ya ɗaure min kai shi ne takarda kuɗi ce, tawada kuɗi ce, ma'aikata albashi suke jira ƙarshen wata, motocin da suke zagawa da ita tun kafin asuba mai suke sha, to ta ina kuɗin yake dawowa? Wata ƙawata ta ce ai ta hukumar jiragen ce tunda har shafi suke da shi a ciki, wani kuma ya ce min a'a ta mutanen Suwidin ce don ya ga mai irin sunan a wata ƙasar Turai. Sannan ita ta yamman nan Evening Standard da ake miƙa wa mutane hannu da hannu lokacin tashi daga aiki, ita ma gidansu ɗaya ne da Metro ko daban? Don yanzu kam ba a ganinta kullum kamar da. Wanda ya sani ya fayyace min don Allah, na gode.

Sarkin_Yawo:

wa alaikumussalam. ni dai a ganina ta gwamnati ce, in ba gwamnati ba wa zai zauna yana buga jarida kullum yana rabawa a banza, kudin harajin mutane ne kawai ake dawo musu da shi ta wannan hanyar. Allahu a'alamu dai

Baban Iman:

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malam Sarkin Yawo ba ta gwamnati ba ce, ko kwabon haraji babu a ciki. Ita kuma ƙawarki 'yar uwa ta ɗan kusa amma ba haka ba ne, shi ma wanda ya ce Suwidin yana da inda ya samo maganarsa, bari in bi abin daki-daki.

Metro ta Landan mallakar kamfanin da yake buga Daily Mail ne. Da can ana kiran sashen jaridun nasu Associated Newspapers, yanzu DMG Media, uwar kamfanin kuma ita ce DMGT, wato Daily Mail and General Trust. Wannan kamfani na gida ɗaya ne, gidan Harmsworth. Wa da ƙani ne, Alfred da Harold Harmsworth, suka kafa Daily Mail a 1896, Alfred ya zama Lord Northcliffe, Harold ya zama Lord Rothermere, kuma tun daga nan sarautar Rothermere da jaridar suke tafiya tare daga uba zuwa ɗa. Wanda yake riƙe da ita yanzu Jonathan Harmsworth shi ne na huɗu a jerin, ya gaji mahaifinsa a 1998 yana ɗan shekara 30. Da kamfanin yana kasuwar hannun jari duk da cewa hannun jarin da ake kaɗa ƙuri'a da shi yana wajen iyalin, amma a ƙarshen 2021 ya saye na sauran mutane, farkon 2022 aka cire kamfanin daga kasuwar gaba ɗaya. To kin ga in ana maganar mai Metro, mutum ɗaya ake nufi da gidansu.

Yanzu maganar Suwidin. Dabarar kam tasu ce, wannan ba gardama. A watan Fabrairun 1995 aka fara raba wata jarida mai suna Metro a tashoshin jirgin ƙarƙashin ƙasa na Stockholm. Mutum uku ne suka zo da tunanin, Pelle Anderson da Robert Braunerhielm da Monica Lindstedt, wanda ya zuba kuɗi kuma attajirin nan ne Jan Stenbeck na rukunin Kinnevik, ta hannun kamfaninsu na yaɗa labarai MTG. Tsarin mai sauƙi ne, jarida 'yar ƙarama wadda mutum zai gama karantawa a kamar minti 20 tsakanin gida da ofis, labarai gajeru gajeru, ba dogon sharhi, ba goyon bayan jam'iyya, kuma babban abin shi ne yarjejeniya da hukumar sufurin birnin cewa su kaɗai ne za su ajiye jarida a cikin tashoshi. Abin ya karɓu nan da nan, sai suka fara fita waje, Prague a 1997, daga nan Hangari, Holan, har suka tsallaka Amurka da Kanada a 2000. Wannan kamfanin shi ake kira Metro International, kuma tambarinsu kore ne da hoton duniya a cikin sunan. Ta Landan shuɗi ne tambarinta. Duk wanda ya ga kore a wata ƙasa ya ga shuɗi a Landan to ba gida ɗaya ba ne, suna ne kawai ya zo ɗaya.

Yadda aka yi sunan ya zo ɗaya kuwa shi ne inda labarin yake da daɗi. Mutanen Daily Mail sun samu labarin cewa 'yan Suwidin suna hararo Landan, su kuma a lokacin su ne masu Evening Standard, jaridar da ta riƙe kasuwar tallan birnin ita kaɗai. In baƙo ya shigo da jaridar kyauta ya zauna a bakin kowace tasha ai Standard ce za ta fara jin jiki. Sai suka yi maza suka riga su, suka ƙulla yarjejeniya da hukumar jirgin ƙarƙashin ƙasa ta Landan, suka fito da tasu ranar 16 ga Maris 1999, suka kuma raɗa mata Metro. Wato sun ɗauki dabarar sun haɗa da sunan. Da 'yan Suwidin suka iso Ingila sai suka tarar an rufe ƙofar Landan, suka gwada a Newcastle, can ma ba su samu damar amfani da sunan Metro ba sai Morning News suka sa mata, ba ta yi wani tsawon rai ba suka tattara suka bar ƙasar.

Saboda haka asalin Metro ta Landan ba don son a ilmantar da talaka kyauta aka kafa ta ba, katanga aka gina don kare wata jaridar. Sai kuma katangar ta zo ta fi abin da take karewa riba. Daga Landan suka bazu zuwa Manchesta, Birmingham, Glasgow, Edinburgh da sauran manyan birane, a jiragen ƙasa da bas-bas. A 2018 yawan kwafin da ake rabawa ya haura na The Sun, wadda ta shafe shekaru kusan 40 tana kan gaba a Birtaniya, a lokacin Metro tana wajen kwafi miliyan ɗaya da dubu ɗari huɗu da wani abu a rana. Su 'yan Sun ɗin dama cewa suke ba a haɗa wanda ake saye da wanda ake rabawa, kuma suna da 'yar gaskiyarsu.

Shafin hukumar sufuri da ƙawarki ta gani kuwa yana cikin cinikin ne. Hukumar tana ba su wurin ajiye jarida a tashoshi, su kuma suna biyanta kuɗi suna kuma ba ta fili a jaridar ta sanar da layin da za a rufe ƙarshen mako da makamantansu. Mai gida da ɗan haya ne, ba mai kaya ba.

Sarkin_Yawo:

to ai ni har yanzu ban gane ba Baban Iman, ka ce suna biyan hukuma kudi, suna biyan maaikata, har sun taba buga miliyan da wani abu kullum, sannan ba sa karbar komai a hannun mai karatu, kuma wai har da riba? anya babu wata a kasa

Mai_Lissafi:

Babu wata a ƙasa ɗan uwa, lissafi ne kawai. Banza ba ta kai zomo kasuwa, akwai mai biya, kawai dai ba kai ba ne.

Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne ko jaridar da ake sayarwa ma kuɗin da kake miƙawa ba duka yake isa kamfanin ba. Mai shagon yana da kasonsa, dillalin da ya kawo masa yana da nasa, wadda ba a sayar ba kuma kwantai ce, a kwaso ta a mayar, asarar kamfani. Tun fil azal rabin rayuwar jarida ko fiye talla ne. To masu jaridar kyauta sai suka ce mu yafe wancan guntun kuɗin gaba ɗaya, mu huta da mai shago da dillali, mu ninka yawan masu karatu, sai mu je wajen masu talla mu ce ga idanu miliyan kaza kowace safiya, nawa za ku biya. Kai da kake ɗauka kyauta kai ne hajar da ake sayarwa, wato hankalinka na minti 20 ɗin nan da kake zaune a jirgi ba abin yi.

Kuma ba kowane ido ne yake da tsada ɗaya ba. Duba waye yake cikin jirgi ƙarfe bakwai zuwa tara na safe. Mai aiki ne, yana da albashi, yawanci matashi, mazaunin birni, irin wanda yake canza waya, yake neman gidan haya, yake sayen tikitin tafiya hutu, kuma da yawansu ba su taɓa shiga shago sun sayi jarida ba balle mai talla ya same su ta can. Wannan rukunin shi masu talla suke hauka a kai. Shi ya sa ma ba a buga Metro Asabar da Lahadi, Litinin zuwa Juma'a ce kawai, ranar da ba a zuwa aiki ba ta da kasuwa. Shi ya sa kuma da hantsi ya yi za ki ga akwatunan sun zama wayam, da gangan ne, ba sa son ta kwana a wurin, so suke ta ƙare a hannun masu sammako.

Rabon ma yana da arha in aka kwatanta. Maimakon mota ta bi shaguna dubu-dubu tana sauke goma nan ashirin can, sai ta je tasha ɗaya ta sauke ɗauri-ɗauri, mutane da ƙafarsu suke zuwa su ɗauka. Sannan kwafi ɗaya ba mutum ɗaya ke karanta shi ba, wannan ya gama ya ajiye a bayan kujera, na gaba ya shigo ya ɗauka, haka za ta yi ta yawo daga farkon layi zuwa ƙarshe. Akwai kuma hukumar da take tantance adadin kwafin jaridu, ABC, don mai talla ba zai yarda da bakin kamfani kawai ba.

Ni a wajena dukiyar Metro ta gaskiya ba injin buga jarida ba ne ba kuma 'yan jaridar ba ne, wannan yarjejeniyar ce ta bakin tasha. Wanda ya riƙe ƙofar da mutane miliyoyi suke bi kowace safiya shi ne mai kasuwa. Shi ya sa aka yi ta rigima a kanta, har hukumar kula da gasar kasuwanci ta shiga maganar bayan masu Daily Express sun kai ƙara, daga ƙarshe kamfanin ya yarda ya saki hurumin yamma ya riƙe na safe.

Matsalar tsarin guda ɗaya ce, ƙafa ɗaya yake tsaye a kai. Jaridar da ake sayarwa in talla ya ja baya tana da masu saye da za su ɗan riƙe ta. Ta kyauta in talla ya ja baya shikenan, ba wani wajen dafawa.

Anti Zee:

Ummu Sadiq bari ni kuma in amsa miki ɓangaren Evening Standard tunda maza sun tsaya a kan Metro. Da gidansu ɗaya, yanzu ba haka ba ne, kuma ita Standard ba da kyauta ta fara ba sam, tsohuwar jarida ce tun 1827, ta girmi Daily Mail da kusan shekara 70. Ta bi hannaye da yawa, Lord Beaverbrook mai Daily Express ya riƙe ta tun 1923, a 1980 aka haɗe ta da kishiyarta Evening News ta gidan Rothermere, daga baya cikin shekarun 1980 ta koma hannunsu gaba ɗaya. Kuma mutanen nan ba sa wasa da kasuwar yamma, a 1987 da Robert Maxwell ya fito da London Daily News don ya kara da su, sai suka tono Evening News da suka binne suka dawo da ita suna sayarwa da arha don kawai su rikita masu saye, cikin 'yan watanni ta Maxwell ta mutu, su ma suka sake binne tasu. To kin ga abin da suka yi wa 'yan Suwidin a 1999 ba sabon hali ba ne.

Abin da ya karya Standard shi ne yaƙin 2006. Kamfanin Rupert Murdoch ya shirya fito da jaridar yamma ta kyauta mai suna thelondonpaper, su kuma gidan Rothermere suka sake yin irin abin da suka saba, suka riga shi da 'yan kwanaki da tasu London Lite, London Lite ƙarshen Agusta, ta Murdoch farkon Satumba. Wanda ya ga Landan a shekarun nan zai ba ki labari, kowace kusurwa matasa ne cikin riguna masu launi suna cusa wa mutane jarida, ka ƙi karɓar ta wannan na gaba ya tare ka, tituna da kujerun jirgi duk takarda, har ƙaramar hukumar Westminster ta tada jijiyar wuya kan shara ta sa kamfanonin suka kawo kwandunan zuba takarda. A tsakiyar wannan ita Standard tana nan ana sayar da ita rabin fam. Wa zai ciro rabin fam alhali ga biyu ana roƙonsa ya karɓa kyauta? Gidan Rothermere da hannunsu suka taya kashe kasuwar jaridarsu. Shekara uku ana zubar da kuɗi, ga kuma karayar tattalin arziki ta 2008 ta zo ta tsuke talla, a Satumban 2009 Murdoch ya rufe tasa, a Nuwamba aka rufe London Lite.

Kafin nan ma, a Janairun 2009, sun riga sun sallama Standard ɗin. Wanda ya saya Alexander Lebedev ne, attajiri ɗan Rasha, tsohon jami'in leƙen asiri na KGB wanda ya taɓa aiki a ofishin jakadancinsu a Landan ɗin. Kashi 75.1 cikin 100 ya saya, su kuma suka riƙe 24.9, kuɗin da aka ambata kuwa fam ɗaya tak. Kada fam ɗayan ya ruɗe ki, asara ya saya, jarida ce da take cin miliyoyi duk shekara, duk wanda ya karɓa ya san aljihunsa zai dinga ciyar da ita. Suna karɓa suka yi wani tallan neman afuwar mutanen Landan kan yadda jaridar ta kasance a baya, abin da bai yi wa tsofaffin editocinta daɗi ba. Sai ranar 12 ga Oktoba 2009 suka mayar da ita kyauta, kwafi ya tashi daga wajen dubu 250 zuwa dubu 600, kuma da yake kishiyoyin biyu sun mutu a daidai lokacin, yamma ta zama tata ita kaɗai, har ta zo ta ɗan yi riba na wasu shekaru.

Ɗansa Evgeny Lebedev shi ne yake riƙe da ita. Su ne kuma suka sayi The Independent a 2010, ita ma fam ɗaya. A 2018 wani ɗan kasuwa daga Saudiyya, Sultan Mohamed Abuljadayel, ya sayi kashi 30 na kamfanin da Standard take ƙarƙashinsa, gwamnatin Birtaniya ta so ta bincika cinikin amma kotu ta ce ta makara, wa'adin ya wuce. Dalilin da ya sa ba kya ganinta kullum kuwa, a Satumban 2024 suka daina bugun kullum bayan shekaru ana tafka asara, ta koma mako-mako da sunan The London Standard, ranar Alhamis, sauran kuma a intanet.

Gaskiyar_Magana:

Duk na ji bayananku kuma Allah ya ƙara basira, amma ni abin da nake so a kalla daban ne. Mutum ya sayi jaridar da yake sane asara take yi, ya yi shekara 15 yana zuba mata kuɗi, ku ce min lissafin talla ne? Ruwa ba ya tsami banza. Mai jaridar da duk ɗan majalisa da minista yake gani a hanyarsa ta komawa gida ba ƙaramin mutum ba ne a garin, kowa zai ɗaga wayarsa. Ku duba 2017, George Osborne, tsohon ministan kuɗi da firaministar lokacin Theresa May ta sallama, shi aka ɗauko aka ba edita alhali a lokacin da aka sanar yana ɗan majalisa kuma bai taɓa riƙe wata jarida ba, ya kuwa yi amfani da shafin farko ya yi ta caccakar matar nan har ta sauka. A 2020 kuma firaministan lokacin Boris Johnson ya ba Evgeny kujera a majalisar dattawan Birtaniya, ya zama Lord, aka yi ta surutu a kai. Ni ban ce ga abin da aka ƙulla ba, amma wanda ya ce jaridar kyauta ba ta da wata riba sai ta talla bai kalli wannan ba.

Ita ma Metro da ake cewa ba ruwanta da siyasa, ai gidan Daily Mail ne, kowa ya san inda Daily Mail ta karkata, wato wajen jam'iyyar Conservative. Ta yaya uwa za ta zama haka 'ya ta zama daban?

Baban Iman:

Malam Gaskiyar Magana a kan Standard ban ja da kai ba, jarida ce mai ɗaukar ɓangare tun kafin Lebedev ma, a zaɓen magajin garin Landan na 2008 ai kowa ya ga yadda ta taso magajin garin lokacin Ken Livingstone a gaba ta mara wa Boris Johnson, lokacin kuma tana hannun gidan Rothermere.

Amma a kan Metro sai mu ɗan bambanta. Ka ɗauki Metro da Daily Mail na rana ɗaya ka ajiye su gefe da gefe, wallahi in ba a faɗa maka ba ba za ka ce gida ɗaya suka fito ba. Metro ba ta da shafin ra'ayin jarida irin wanda ake cewa ku zaɓi wane, kuma ba ta fitowa ta goyi bayan jam'iyya lokacin zaɓe. Ba wai don masu ita waliyyai ba ne, kasuwa ce ta tilasta. Wanda ya sayi Daily Mail shi ya zaɓe ta, ya san abin da zai tarar, ra'ayin ma shi yake saye. Metro kuwa kowa take faɗa wa a hannu, ɗan Labour da ɗan Conservative da baƙon da ya sauka jiya duk a tarago ɗaya suke, kuma Landan gari ne da ya fi karkata ga Labour, in ta ɓata wa rabin taragon rai ta rage idanun da take sayar wa masu talla. Rashin ɗaukar ɓangaren shi kansa haja ne. Shi ya sa za ka ga ta cika da labarin mawaƙa da ƙwallo da wasan cike gurbi da ɗan shafin nan da fasinjoji suke aika saƙo wai na ga wata mai jan mayafi a layi kaza ta burge ni, irin abin da ba zai sa kowa faɗa ba.

Inda zan ba ka gaskiya shi ne zaɓen labari ma ai iko ne. Abin da aka sa a shafin farko da abin da aka bari ba a taɓo ba, wani ne ya zauna ya yanke. Sannan taruwar jaridu a hannu ɗaya abin dubawa ne, gida ɗaya yana da Daily Mail, Mail on Sunday, Metro, ga kuma jaridar i da suka saya a 2019, wadda abin dariya gidan Lebedev ne suka ƙirƙiro ta a 2010 kafin ta bi ta wani hannun ta iso nan. Ka ga 'yan mutane ƙalilan ne suke ta musayar kayan a tsakaninsu.

UmmuSadiq:

Kai masha Allah, na gode ƙwarai Baban Iman, Anti Zee Allah ya saka da alheri, yanzu na gane. Ashe har da ɗan KGB a cikin labarin, ikon Allah. To tunda Standard ta koma mako-mako, ita Metro fa, za ta kai labari kuwa? Don ni yanzu in na duba cikin jirgi kowa kansa a sunkuye yake kan waya.

Mai_Lissafi:

Hajiya ai kin faɗi ciwon da bakinki. Abin da ya raya jaridar kyauta a Landan har ta fi ta wasu biranen daɗewa shi ne ramin jirgin ba sabis. Mutum ya shiga ƙarƙashin ƙasa wayarsa ta zama dutse, dole ya nemi abin kallo. A 2012 aka fara sa wifi a tashoshi gab da wasannin Olympics, yanzu kuma ana ta bin layukan ɗaya bayan ɗaya ana sa sabis har cikin ramin. Minti 20 ɗin nan da Metro take sayarwa yanzu TikTok da WhatsApp sun shigo suna raba shi da ita, kuɗin tallan kuma dama Google da Facebook sun daɗe da kwashe kaso mafi tsoka, don su suna iya ce wa mai talla ga takamaiman mutumin da ya nemi takalmi jiya da dare, jarida kuwa sai dai ta ce ga taron jama'a.

Sai korona ta zo a 2020 ta ƙarasa, tashoshi suka zama kufai, jaridar da rayuwarta take bakin tasha ina za ta kai kanta? Bayan an buɗe gari ma mutane da yawa ba su koma ofis kwana biyar ba, Litinin da Juma'a jirgi ba ya cika kamar da, ga takarda ta yi tsada.

In kika duba waje za ki ga inda abin ya dosa. Metro ta Faransa ta daina fita a takarda a 2015. Ta asalin ta Suwidin, uwar su duka, an sayar da ita a 2017, a 2019 ta daina fita a takarda. A Kanada an rufe masu fita da Turanci ƙarshen 2019, ta Holan ta daina fita a takarda a 2020. A New York akwai biyu da suka yi shekaru suna kokawa a bakin tasha, amNewYork da ta fara a 2003 da Metro New York da ta biyo a 2004, kamfani ɗaya Schneps Media ya saye su ya haɗe su suka zama ɗaya a 2020. Ta Landan tana cikin 'yan kaɗan da suka rage da ƙarfinsu, ko da yake ita ma kwafin ya sauka ƙasa da na 2018 sosai kuma an rage ma'aikata an haɗe ɓangaren takarda da na intanet. Abin da yake taimakonta shi ne ba ita kaɗai take tsaye ba, tana raba injin bugu da ofishin talla da sauran jaridun gidan, kuma tunda kamfanin ya bar kasuwar hannun jari ba masu jari da za su dinga matsa lamba duk wata uku, in mai ita ya ga dama ya riƙe ta ko ribar ta yi ƙasa. In kuma ya ga dama gobe ya rufe, ba wanda zai tambaya.

Sarkin_Yawo:

to ita kuma waccan ta yan banki da ake rabawa wajen Canary Wharf da Liverpool Street fa, City AM take ko me, ita ma ta Rothermere din ce?

Anti Zee:

A'a wannan daban ce. A 2005 aka fara ta, kuma waɗanda suka kafa ta, Jens Torpe da Lawson Muncaster, tsofaffin ma'aikatan Metro International ne, ka ga mutanen kamfanin Suwidin ɗin sun dai shigo Landan daga baya ta wata ƙofar. Labarin kasuwanci da hannun jari take yi don ma'aikatan bankuna, kwafinta kaɗan ne amma masu karatun nata masu kauri ne shi ya sa tallanta yake da daraja. A 2023 ta kusa durƙushewa, kamfanin THG na Matthew Moulding, masu sayar da kayan kwalliya da garin furotin na 'yan motsa jiki a intanet, su suka saye ta.